Me ya sa sai an tsinko naman ƙoda kafin a tabbatar da cutar IgA?

Tambaya: Assalamu alaikum likita. Shekaruna 27. Sau biyu ke nan ina yin ciwon maƙogwaro, washegari sai fitsarina ya koma kalar baƙin shayi, ba zafi ba raɗaɗi, bayan kwana uku ya washe. An yi min gwaji an ce akwai jini da furotin a fitsarin ko a lokacin da nake ganinsa garau, furotin ɗin ya kai giram 1.2 a yini, amma hoton ƙoda ya fito lafiya. Likitan ƙoda ya ce yana zargin cutar IgA ce, yana so a sa allura a tsinko ɗan naman ƙodata a duba. Gaskiya na tsorata. Gwajin jini ko hoto ba za su wadatar ba? In kuma an yi, me sakamakon zai canza?

Amsa: Wa alaikumus salam ɗan'uwa, Allah ya ba ka lafiya. Wanda ya duba ka ido da ido shi ke da hukunci a kanka, amma bisa abin da ka zayyano, da a gabana kake shawarar da zan ba ka ke nan. Har yau babu gwajin jini, babu na fitsari, babu hoton da ke tabbatar da wannan cuta. Sai an ga naman ƙodar a ƙarƙashin madubin likita, wato aikin da muke kira bayofsi.

Hoton da ya fito lafiya ɗin nan shi ke yawan ruɗin mutane. Kowace ƙoda tana ɗauke da 'yan matatai kusan miliyan ɗaya, kowanne dunƙulen 'yan siraran jijiyoyin jini ne da faɗinsa bai wuce kashi ɗaya cikin biyar na milimita ba. Aikinsu irin na rariya ne: ruwa da dattin jiki su wuce, ƙwayoyin jini da furotin su tsaya. A cikin waɗannan matatai cutar take, kuma sikanin ba ya kaiwa can. Shi girman ƙoda yake gani, da tsakuwa, da toshewa, da ƙari. Yana iya nuna ƙoda sumul alhali ciwo na cin matatanta, ba zai fara nuna alama ba sai ƙodar ta motse, lokacin da gyara ya riga ya yi wuya. Duk da haka hotonka ya yi mana amfani, domin ya nuna ƙodojinka biyu ne kuma ba su ƙanƙance ba. Ƙodar da tsawonta ya gaza santimita 9 galibi ba a so a taɓa ta da allura, don jini ya fi saurin ɓallewa, abin da za a samo kuma tabo ne kawai. Kai ka zo a lokacin da bayofsi zai faɗi magana mai amfani.

Shi IgA ba baƙon abu ba ne a jiki. Ɗaya ne daga cikin sinadaran garkuwar jiki, wanda ke gadin maƙogwaro, hanci, hanyar numfashi da hanji, duk inda ƙwayoyin cuta ke neman kutsowa. A jikin mai wannan lalura, wani kaso na IgA ɗin yana fitowa da tawaya: wani ɗan sukari da ake kira galaktos, wanda ya kamata ya rufe wata gaɓa tasa, ya yi ƙaranci. Sai garkuwar jiki ta ga gaɓar a buɗe ta ɗauke ta a matsayin abokin gaba, ta ƙera wasu sinadaran su kama ta. Su biyun su cure su zama dunƙule, jini ya kwaso su ya kawo ƙoda, su maƙale a naman da ke tallafe da jijiyoyin mataci, wanda ake kira mesanjiyum. Daga nan kumburi ya tashi, jini da furotin su fara zurarewa cikin fitsari. Da ka yi ciwon maƙogwaro, jikinka ya ƙara yawan IgA ɗin da yake fitarwa don yaƙar ciwon, mai tawayar ma ya ƙaru, shi ya sa fitsarin ya rine washegari.

Akwai abin da ya tabbatar mana cewa tushen matsalar ba a ƙodar yake ba. Idan aka yi wa mai cutar dashen lafiyayyar ƙoda, sau da yawa IgA kan dawo ya taru a sabuwar. Idan kuma aka dasa ƙodar da ke da tarin IgA a jikin wanda ba shi da cutar, tarin kan wanke cikin 'yan makonni. Ƙodar dai ita ke karɓar dukan, amma daga cikin jini yake zuwa.

To tunda daga jini yake zuwa, me ya hana a gano shi a jini? An gwada. Yawan IgA a jini yana hawa a kusan rabin masu cutar ne kawai, kuma yana hawa a wasu cututtukan da ba ruwansu da ƙoda. Shi kansa IgA mai tawayar ana iya auna shi a ɗakunan bincike, sai dai ana samunsa da yawa a jinin 'yan'uwan majiyyaci na jini waɗanda ƙodarsu ƙalau take. Gwaje-gwajen jinin da za a yi maka suna da aikinsu, amma aikin kore wasu cututtuka ne: lufus (cutar da garkuwar jiki ke juyowa ta yaƙi jikin), ciwon hanta nau'in B da C, ƙanjamau, da kuma auna kiriyatinin don a san ƙarfin tacewar ƙoda.

Labarinka ya yi kama da na IgA sosai, musamman tazarar nan ta kwana ɗaya. Akwai wani ciwon ƙodar da ke bin bayan ciwon maƙogwaro shi ma, wanda ƙwayar cutar sitiref ke haddasawa, amma shi sai bayan mako ɗaya zuwa uku yake bayyana, ya fi kama yara, kuma yawanci yana warkewa da kansa. Jinin tsargiya ja ne, a ƙarshen fitsari yake fitowa daga mafitsara, kuma ana ganin ƙwan tsutsar a gwaji. Tsakuwa da ciwo take zuwa. Waɗannan ana iya ware su ba tare da allura ba. Waɗanda ba sa waruwa cikin sauƙi su ne sauran cututtukan mataci: cutar Alport da ake gado, sirancewar bangon mataci, lufus, kumburin ƙananan jijiyoyi. Duk suna iya zuwa da jini da furotin iri ɗaya da naka, maganinsu kuwa ya sha bamban. Wani yana buƙatar a danne garkuwar jiki da ƙarfi, wani kuma in aka yi masa haka an cuce shi a banza. Likitan da ya fara magani bai ga nama ba lalube yake yi a duhu.

Cutar ma ta wannan hanyar aka gano ta. A 1968 Jean Berger da Nicole Hinglais, a asibitin Necker da ke birnin Faris, suka ba da bayanin majiyyatan da suka ga IgA jibge a mesanjiyum ɗinsu, shi ya sa za ka ji ana ce mata cutar Berger. A yau ita ce kan gaba a duniya cikin cututtukan kumburin mataci da ke tasowa daga ƙodar kanta. An fi samunta a Gabashin Asiya, sai Turai, kuma ba a cika ba da rahotonta a Afirka ba. Gado yana da hannu a wannan bambanci, amma yawan yin gwajin ma yana da hannu. A Japan tun shekarun 1970 ake auna fitsarin 'yan makaranta, ana kama ta da wuri. Inda ba a yin bayofsi kuwa, mutum sai dai a ce ƙodarsa ta gaza, a ɗora wa hawan jini laifi, ba wanda ya san asalin abin.

Ba duk mai jini a fitsari ake yi wa ba. Wanda jini ne kawai, ba furotin, hawan jininsa daidai, ƙodarsa na tacewa yadda ya kamata, sau da yawa sa masa ido ake yi ana aunawa lokaci-lokaci. Furotin ne ke sauya lissafi. Idan ya kai rabin giram a yini ya ƙi sauka, ƙa'idojin ƙungiyar KDIGO, wadda likitocin ƙoda a duniya ke bin jagorarta, sun ce a duba yiwuwar bayofsi. Naka ya ninka wannan fiye da sau biyu.

Yanzu ga yadda ranar take, domin rashin sanin abin da za a tarar shi ne rabin tsoron. Kafin ranar za a auna yawan jininka da yadda yake daskarewa, a tabbatar hawan jini ya sauka, a dakatar da asfirin da duk maganin da ke tsinka jini na wasu kwanaki. Ka faɗa wa likita duk abin da kake sha, har wanda ba shi ya rubuta maka ba. Ba tiyata ba ce, ba za a sa ka barci ba. Za ka kwanta ruf da ciki, a sa matashi a ƙarƙashin cikinka, a ɗora na'urar sikanin a bayanka a nemo gindin ƙodar, galibi ta hagu. A goge wurin, a yi allurar kashe zafi tun daga fata har zuwa kusa da ƙodar. Wannan allurar ce za ka ji, 'yar raɗaɗi ta 'yan daƙiƙoƙi. Sai a zura allurar ɗiban, likita na kallon bakinta a allo tana matsowa. Da ta isa zai ce ka ja numfashi ka riƙe, saboda ƙoda tana hawa da sauka tare da numfashi. Za ka ji ƙara ƙas, shi ke nan an ɗiba. Ina roƙon majiyyata su bari a jiyar da su wannan ƙarar tun kafin a fara, don kada su zabura a lokacin da ake so su tsaya cak. Akan maimaita sau biyu ko uku. Abin da ke fitowa ɗan zare ne na nama, kaurinsa kusan milimita ɗaya, tsawonsa santimita ɗaya zuwa biyu. Matatan da ke ciki ba su fi goma zuwa talatin ba daga cikin miliyan, don haka aikin ƙodarka ba ya raguwa da komai.

Bayan nan za ka kwanta rigingine na sa'o'i shida ko fiye, ana auna hawan jini da bugun zuciya ana duba kalar fitsari. Wasu asibitocin kwana suke sa mutum. Mako ɗaya zuwa biyu ba ɗaukar kaya mai nauyi, ba motsa jiki mai tsanani.

Haɗarinsa zubar jini ne, kuma ba zan rage maka shi ba. Mutum uku zuwa huɗu cikin ɗari kan ga jini a fitsari na kwana ɗaya ko biyu ya wuce. Ɗaya zuwa biyu cikin ɗari kan buƙaci ƙarin jini. Waɗanda sai an shiga an toshe jijiyar da ke zuba ba su kai ɗaya cikin ɗari ba, rasa ƙoda ko rasa rai kuwa ya fi haka ƙaranci nesa ba kusa ba. Matashi irinka, mai ƙoda cikakkiya da jini isasshe, yana cikin waɗanda haɗarin ya fi yi wa sauƙi. In ka koma gida ka ga gudan jini a fitsari, ko fitsarin ya tsaya, ko ciwon kwiɓi yana ƙaruwa, ko jiri, ko zazzaɓi, ka koma asibiti a lokacin, kada ka jira gari ya waye.

A ɗakin gwaji kashi uku ake raba naman, kuma a nan nake so ka buɗe kunne. Kashi na farko ana yanka shi sirara a rina a duba da madubi na yau da kullum, a ga irin ɓarnar da yawanta. Kashi na biyu shi ke raɗa wa cutar suna. Ana zuba masa wani sinadari da ke manne wa IgA kaɗai kuma yana ƙyalli a ƙarƙashin wani haske na musamman. Mai dubawa na zaune a ɗaki mai duhu, sai ya ga tsakiyar matacin ta kama da koren haske, ɗigo-ɗigo, tana bin reshe-reshen mesanjiyum. Haka za a gwada sauran sinadaran garkuwar ɗaya bayan ɗaya. Idan IgA ne ya fi haske, ko ya yi kunnen doki da wani, an samu amsa. Sau da yawa wani sinadarin garkuwa da ake kira C3 na tare da shi. In kuwa aka ga komai ya haska har da wani da ake kira C1q, hankali sai ya koma kan lufus. Kashi na uku na madubin lantarki ne mai ƙara girman abu sau dubbai, wanda ke nuna ainihin inda dunƙulen suka kwanta da kaurin bangon mataci, kuma da shi ake kama Alport da sirancewar bango.

Tun kafin ka kwanta a gadon, ka tambayi likitanka ko ɗakin gwajin da za a kai naman yana yin rinin da ke nuna IgA. Wannan kashin ba a jefa shi cikin ruwan fomalin da aka saba adana nama a ciki, ruwansa daban ne, ko a daskarar da shi. Akwai dabarar yin rinin a kan naman da ya riga ya shiga fomalin, amma sai inda suka ƙware a kai. Abin takaici ne ƙwarai mutum ya jure allura, ya ɗauki haɗarin, takarda ta dawo tana cewa akwai kumburin mataci kawai ba tare da an san wane iri ba ne.

Idan an tabbatar, za ka ga haruffa biyar a takardar da lamba a gaban kowanne, misali M1 E0 S1 T0 C0. Tsarin Oxford ke nan, wanda aka fitar a 2009 da haruffa huɗu, daga baya aka ƙara C a 2017. Ana so a samu aƙalla matatai 8 a naman kafin a amince da lissafin. M yawan ƙwayoyin mesanjiyum ne, E kuma cunkoson ƙwayoyin kumburi a cikin jijiyoyin. C wani tarin ƙwayoyi ne mai siffar jinjirin wata da ke fitowa idan bangon jijiya ya fashe, ya danne matacin. In ya taɓa ƙasa da kashi ɗaya cikin huɗu na matatan C1 ne, in ya kai haka ko ya wuce C2 ne, kuma yawansa tare da faɗuwar aikin ƙoda cikin makonni lamari ne na gaggawa. Waɗannan ukun ɗanyen ciwo ne, magani na iya tarar su. S tabo ne a wani sashen mataci.

T shi nake fara dubawa. Yana auna yawan bututan ƙoda da naman da ke tsakaninsu da suka riga suka mutu suka koma tabo: T0 daga babu zuwa kashi 25 cikin ɗari, T1 daga 26 zuwa 50, T2 sama da rabi. A cikin haruffan biyar shi ya fi faɗin inda ƙodar ta dosa, kuma babu maganin da ke mayar da shi baya. Mutum biyu za su iya zuwa da furotin iri ɗaya da kiriyatinin kusan iri ɗaya. Na farko namansa cike da ɗanyen kumburi ba tabo, na biyu T2 ne kumburin ya lafa. Na farko akwai abin da za a ceto da maganin danne garkuwa. Na biyu in aka ɗura masa shi, illar zai kwasa, amfanin kaɗan ne, abin da ya fi masa shi ne a lallaɓa sauran matatan da suka rage. Daga waje ba ka isa ka bambance su ba. Duk watan da aka ɗaga gwajin saboda tsoro, wani ɗanyen ciwon yana iya komawa tabo, kuma ba za ka ji a jikinka ba.

Bayofsi ma yana da iyakarsa. Ɗan yanki ne aka ɗiba, yana iya tsallake wurin da ya fi lalacewa. Sannan ganin IgA kaɗai bai isa a ce cuta ba, domin a binciken da aka yi a ƙodojin mutanen da ba su da wata alama, an samu tarinsa a kashi 4 zuwa 16 cikin ɗari. Haka kuma ciwon hanta mai tsanani, wasu cututtukan hanji, da ƙwayar cutar sitaf musamman a masu ciwon suga, duk suna iya kawo IgA ƙoda. Akwai kuma 'yar'uwarta da ke zuwa da jajayen ƙuraje a ƙafafu, ciwon ciki da ciwon gaɓoɓi, wadda a madubi ba a iya raba su. Don haka mai duba nama da likitan da ya san labarinka dole su haɗa kai kafin a yanke magana.

Abin da sakamakon zai canza kuwa yana da yawa. Kowa ana fara masa da tushe ɗaya: maganin hawan jini irin su lisinopril, ramipril ko losartan, ko da jininsa bai hau ba, domin suna rage matsi a cikin matacin su rage zubar furotin. Ana ɗaga su har iyakar abin da jiki zai ɗauka, ana bin kiriyatinin da fotasiyam. Mace mai ciki ko mai neman ciki ba ta shan su. Gishiri kada ya wuce giram 5 a yini, a bar taba, a nisanci magungunan ciwon jiki irin su ibuprofen da diclofenac da duk wani haɗin da ba a san abin da ke cikinsa ba. Dapagliflozin da empagliflozin, waɗanda asali na ciwon suga ne, sun tabbata suna rage saurin lalacewar ƙoda har ga marasa suga.

Mataki na gaba shi ne wanda ba na yarda a taka shi ba tare da bayofsi ba. Magungunan siteroyid, masu danne garkuwar jiki, suna rage furotin, amma da tsada ga jiki. Gwajin STOP-IgAN da aka yi a Jamus, wanda ya fito a 2015, bai ga sun kare aikin ƙoda fiye da kulawar tushe mai kyau ba. Gwajin TESTING kuwa sai da aka dakatar da shi saboda munanan cututtuka da suka kama masu shan babban awo, har da rasa rayuka, aka ci gaba da ƙaramin awo, sakamakon 2022 ya nuna amfani da ƙarancin illa. Daga 2021 zuwa yau an samu magungunan da aka amince da su domin wannan cuta. Akwai budesonide da aka ƙera shi ya narke a ƙarshen ƙaramin hanji, inda ake kyautata zaton IgA mai tawayar ke fitowa, ana shan sa wata tara. Hukumar magunguna ta Amurka ta amince da shi a 2021, da sparsentan a 2023, da iptacopan a 2024. Suna da tsada kuma ba ko'ina ake samunsu ba, amma duk inda ake ba da su, sharaɗin farko shi ne takardar bayofsi. Cire ƙululun maƙogwaro da ake kira tonsil ana yin sa sosai a Japan, sai dai bai zama abin da ake ba kowa shawara ba a sauran ƙasashe.

Da can ana ɗaukar cutar a matsayin mai sauƙi. Bibiyar shekaru ta nuna kashi 20 zuwa 40 cikin ɗari na kaiwa ga gazawar ƙoda cikin shekara ashirin, wato wankin ƙoda ko dashe. Wani babban nazari daga Birtaniya a 2023 ya nuna har waɗanda furotin ɗinsu ke ƙasa da giram ɗaya, da ake ganin sun tsira, wasunsu ƙodarsu ta gaza cikin shekara goma. Shi ya sa yanzu burin ya koma a saukar da shi ƙasa da rabin giram, in da hali ƙasa da haka. Waɗannan alƙaluma yawancinsu na mutanen da suka yi jinya ne kafin sababbin magungunan, da yawansu kuma an gano su a makare. Mai shekara 27 yana buƙatar ƙodar da za ta yi masa aiki shekara hamsin nan gaba, don haka ko raguwa kaɗan a kowace shekara abin a tare ta ne da wuri.

Bayan sakamako ya fito, kada kalar fitsari ta zama ma'auninka. Rinewar nan tana tayar da hankali amma takan wuce, kuma takan daina zuwa da shekaru ko da ciwon na ci gaba. Abubuwa uku za ka riƙa bi: furotin a fitsari, hawan jini, da lambar eGFR da ke nuna ƙarfin tacewa. Ka samu littafi ka riƙa rubuta su da kwanan wata, kowane wata uku a farko. Ka karɓi kwafin cikakken rahoton bayofsin ka adana, domin duk likitan da zai karɓe ka nan gaba zai nema. Ranar da za ka koma jin sakamako, ka tambaya matatai nawa aka samu a naman, nawa ne a ciki suka riga suka mutu, T ɗinka nawa ne, akwai C ko babu. Ka kuma ce a saka alƙalumanka a ma'aunin hasashen da aka fitar a 2019 na masu wannan cuta, wanda ke haɗa haruffan Oxford da furotin, hawan jini da eGFR ya ƙiyasta haɗarin shekara biyar masu zuwa. Da wannan ne kai da likitanka za ku zauna ku yanke ko maganin tushe ya isa a fara da shi, ko a haɗa da wani tun yanzu.